Yadda ake auna matakalar bene da gina ta: tashi, shimfiɗa, sararin kai da zubi

Matakala ba a gyara ta bayan zubi. Bango in ya karkace, filasta na iya rufa masa asiri, amma matakalar kankare da aka zuba matakanta ba daidai ba, sai dai a fasa ko a haƙura a yi ta tuntuɓe da ita muddin ana zaune a gidan. Shi ya sa rabin aikinta a takarda ake gama shi, tun kafin kafinta ya yanka katako ko mai rodi ya lanƙwasa ƙarfe.

Abubuwa biyu ne ke yin mataki. Na farko tashi, wato tsayin da ƙafa ke ɗagawa daga wannan mataki zuwa na gaba. Na biyu shimfiɗa, wato zurfin wurin da ƙafa ke sauka, kuma ana auna ta a kwance ne daga bakin mataki zuwa bakin na gaba, ba daga baki zuwa lungu ba. Duk awon da zai biyo baya da milimita za a yi shi, domin a matakala bambancin milimita goma ma ƙafa tana jin sa.

Awon farko: daga gamammen daɓe zuwa gamammen daɓe

Abin da za ka fara nema shi ne jimillar tsayin da matakalar za ta hau. Ba tsayin bango ba, ba kuma daga ƙasa zuwa ƙarƙashin dekin ba. Daga saman tayil ɗin ƙasa zuwa saman tayil ɗin bene, ko da ba a sa ko ɗaya cikinsu ba tukuna. Idan ba a yi daɓen ba, a zauna da mai gida da mai tayil a tsayar da kaurin da zai ci, a rubuta.

Kada ka auna a wuri guda ka wuce. Inda matakala za ta tashi da inda za ta sauka a bene suna iya yin nisan mita huɗu ko biyar tsakaninsu, kuma ba lallai ne ƙasan ya zama lebur ba a tsakanin. Ka buga layi ɗaya a bango mai tsayin mita 1 daga gamammen daɓen ƙasa, ka zagaya da shi duk ɗakin matakalar da tiyo mai ruwa ko na'urar leza. Daga wannan layin za a riƙa ɗaukar kowane awo, sama ko ƙasa.

A misalin da za mu bi har ƙarshe, jimillar tsayin ta kama milimita 3,150.

Lissafin tashi da shimfiɗa

Tashin da ke da daɗin hawa a gidan zama yana tsakanin milimita 150 zuwa 180. Ka raba jimillar tsayin da 170 don ka ga inda za ka faɗa: 3,150 raba 170 ya ba da 18.5. Babu rabin mataki, saboda haka ko 18 ko 19. Idan ka ɗauki 18, kowane tashi zai zama 175 cif. Idan 19 ne, 165.8. Dukansu sun yi. Na 19 ya fi sauƙi ga tsofaffi, amma zai ci ƙarin wuri, kuma awon da bai da ɓurɓushin lamba ya fi sauƙin bi a wurin aiki. Mu ɗauki 18.

Ka lura da tsarin: yawan matakai ake fara tsayarwa, sannan a raba tsayin da shi. Masu fara jera matakai daga ƙasa da awon da suka saba, suna cewa "in mun kai sama ma gani", su ne ke ƙarewa da mataki na ƙarshe ko dogo ko ɗan guntu.

Shimfiɗa kuwa ba a zaɓar ta yadda aka ga dama, tana bin tashi ne. Ƙa'idar da ake amfani da ita ta samo asali daga François Blondel, masanin gini Bafaranshe, wanda ya kawo ta a littafinsa na koyar da gini da ya fara fitowa a 1675. Ya lura cewa takun mutum a lebur yana da iyaka, kuma duk lokacin da ƙafa ta ɗaga sama, takun yana raguwa da ninki biyu na abin da ta ɗaga. A awon yau, tashi sau biyu a haɗa da shimfiɗa ya kamata ya faɗa tsakanin milimita 600 zuwa 650, an fi son kusa da 630.

To, 175 sau biyu 350 ke nan. A cire daga 630, saura 280. Matakinmu ya zama tashi 175, shimfiɗa 280, gangarensa kusan digiri 32. Wannan matakala ce da mutum zai sauko da kaya a hannu ba tare da yana kallon ƙafarsa ba.

Ƙa'idar Blondel ita kaɗai ba ta isa ba. Tashi 220 da shimfiɗa 190 ma sun ba da 630, amma wannan tsani ne. Matsalar shimfiɗa ƙarama a saukowa take fitowa: mai hawa da gaban ƙafa yake takawa, ɗan wuri ya ishe shi, amma mai saukowa gaban ƙafarsa a bakin mataki yake sauka, in wurin bai isa ba sai ya zame ko ya riƙa sauka a karkace. Saboda haka kada shimfiɗa ta gaza 250 a gidan da za a zauna kullum, in da wuri ma a kai ta 280 zuwa 300. Haka kuma wuce gona da iri ta ɗaya gefen ba alheri ba ne. Tashi ƙasa da 150 da shimfiɗa mai faɗi sosai suna rikita taku, mutum ya rasa ko sau ɗaya zai taka ko sau biyu.

Abin da dokokin gini suka tanada

Kowace ƙasa da dokarta, kuma wadda hukumar amincewa da zanen gini ta wurin da ake aikin ke bi, ita ce abin bi. Amma yana da amfani a san lambobin dokokin ƙasashe biyu da ake yawan komawa gare su, domin suna nuna inda iyakar take.

A Ingila, takardar Approved Document K ta ce matakalar gida mai zaman kansa tashinta ya kasance tsakanin 150 da 220, shimfiɗa tsakanin 220 da 300, gangare kada ya wuce digiri 42, sannan tashi biyu da shimfiɗa ɗaya su faɗa tsakanin 550 da 700. Sharaɗin digiri 42 ɗin yana hana a haɗa tashi mafi tsawo da shimfiɗa mafi ƙanƙanta a matakala ɗaya, tunda 220 da 220 digiri 45 za su bayar. Matakalar da jama'a ke bi a gine-ginen da ba gidan mutum ɗaya ba, an fi tsananta mata: tashi 150 zuwa 170, shimfiɗa aƙalla 250.

A Amurka, dokar gidajen zama ta IRC ta ƙayyade tashi kada ya wuce inci 7 da kashi uku cikin huɗu, wato milimita 196, shimfiɗa kada ta gaza inci 10, wato 254, faɗin matakala kuma aƙalla inci 36, wato 914. Dokar manyan gine-gine ta IBC ta ce tashi kada ya wuce inci 7, shimfiɗa kada ta gaza inci 11, wato 178 da 279. Akwai kuma sharaɗi ɗaya a dokar Amurka da ya fi duk sauran muhimmanci ga mai aiki da hannu: a hawa guda, bambancin da ke tsakanin tashi mafi tsawo da mafi gajarta kada ya wuce kashi uku cikin takwas na inci, kimanin milimita 9.5. Haka ma shimfiɗa.

Dalilin wannan a jikin mutum yake. Daga taku biyu ko uku na farko ƙafa ta riga ta haddace tsayin matakin, tana wuce bakin kowanne da ɗan rata kaɗan ba tare da ido ya duba ba. Mataki ɗaya ya fi 'yan'uwansa da milimita 15, yatsun ƙafa za su doke shi. Matakala mai ɗan tsauri amma daidaitacciya ta fi mai sauƙi wadda mataki ɗaya ya saɓa. Mai aiki da kyau yana neman bambancin da bai wuce milimita 5 ba.

Waɗannan lambobi na doka iyaka ne na ƙarshe, ba shawara ba ce. Tashi 220 doka ta yarda da shi a wani wuri, amma mai ciwon gwiwa ba zai gode maka ba.

Wurin da za ta ci

Yawan shimfiɗa a hawa guda kullum yana gaza yawan tashi da ɗaya, domin takun ƙarshe a kan daɓen bene yake sauka. Tashi 18 a miƙe yana nufin shimfiɗa 17, sau 280, milimita 4,760 ke nan. A ƙara fili na aƙalla faɗin matakalar a gindi da kuma a sama, sai ka ga ana bukatar kusan mita 6.8 a tsaye. Gidaje kaɗan ne ke da wannan wurin, kuma doguwar matakala a miƙe in mutum ya faɗi babu inda zai tsaya sai ƙasa.

Shi ya sa aka fi karya ta biyu da mahuta a tsakiya, wadda magina ke kira landin. Tashi 9, mahuta, a juya, tashi 9. Kowane hawa yana da shimfiɗa 8, wato 2,240. Mahutar za ta zauna a tsayin 1,575 daga gamammen daɓe, zurfinta kuma kada ya gaza faɗin matakalar. Idan faɗin hawa mita 1 ne, ɗakin matakala zai bukaci tsawon 2,240 da 1,000 na mahuta da 1,000 na filin gindi, jimilla 4,240, faɗi kuma 2,100 in an bar ratar 100 tsakanin hawa biyun. Wannan awon na bayan filasta ne. Bangon da aka yi wa filasta gefe biyu yana cinye milimita 30 zuwa 40, relin, wato shingen dafawa na gefen matakala, kuma ya ci nasa.

Faɗin 900 ya wadatar a doka a wurare da dama, amma ka tuna ta nan za a hau da gado da firiji da katifa, kuma a mahuta kaya ke maƙalewa, ba a miƙe ba. Mita 1 zuwa 1.2 ya fi kwanciyar hankali. Kada a sa mataki guda tilo a tsakiyar mahuta, mutane ba sa tsammaninsa. Kada kuma ƙofa ta buɗe kai tsaye a kan mataki; dole a sami fili tsakaninsu, ƙofar kuma in ta buɗe kada ta tare hanya.

Sararin kai

Nan ne zane da yawa ke faɗuwa. Ana auna sararin kai a tsaye daga layin da ya haɗa bakunan matakai zuwa duk abin da ke sama, dekin ne ko bim, wato kwantaccen ginshiƙin kankare da ke tallafe dekin. Ingila ta ce aƙalla mita 2, Amurka ta ce ƙafa 6 da inci 8, wato 2,032. Gara a nemi 2,100, saboda filasta da tayil za su ci wani abu, kuma mai saukowa jikinsa na ɗan rinjaya gaba.

Ga matakala miƙaƙƙiya, tsawon ramin da za a bari a dekin ana samun sa haka: a haɗa sararin kai da kaurin dekin har da tayil ɗinsa, a raba da tashi, a ninka da shimfiɗa. Dekin 150 da daɓe 50 sun zama 200. A haɗa da 2,000, mafi ƙarancin sararin kai a dokar Ingila, 2,200 ke nan. Raba da 175, ninka da 280, ya ba da 3,520. Ramin ya kai wannan tsawon daga bakin matakin ƙarshe na sama. Amma fa in akwai bim mai zurfin 450 a bakin ramin, lissafin ya koma 2,500, ramin kuma ya zama mita 4. Bim ɗin da aka manta da shi a lissafi shi ne wanda mutane ke sunkuya wa. Kuma ba a sare bim don a sami wurin kai, domin rodin da ke ɗauke da nauyinsa a ƙasansa yake. Ke nan dole a gama lissafin matakala kafin a zuba dekin, ba bayansa ba.

Tarkon kaurin tayil

Ko an yi duk lissafin sama daidai, akwai inda mataki na farko da na ƙarshe ke lalacewa. A ce daɓen ƙasa da tayil ɗinsa za su ci 50, na bene ma 50, amma tayil ɗin matakai da simintinsa 30 kawai za su ci. Idan kafinta ya yi duk tashi 18 ɗin 175 a ɗanyen kankare, bayan tayil mataki na farko zai koma 155, na ƙarshe ya zama 195. Bambancin 40 ke nan tsakaninsu, kuma dogon yana can sama, inda faɗuwa ta fi muni.

Maganinsa a yi gyaran tun a katako. Tashin farko a ɗanyen kankare ya zama 175, a ƙara 50 na daɓen ƙasa, a cire 30 na tayil ɗin mataki: 195. Na ƙarshe ya zama 175, a ƙara 30, a cire 50: 155. Sauran 16 na tsakiya su tsaya a 175, muddin mahuta ma kaurin 30 za ta samu. In ka haɗa 195 da 2,800 da 155, za ka koma 3,150. A ido matakalar za ta yi kamar an yi kuskure kafin a sa tayil, har wani ya ce a gyara. Kada a taɓa ta.

Zana ta a bango

Kafin katako, a zana matakalar gaba ɗaya a jikin bango da girmanta na gaskiya. A samo sanda miƙaƙƙiya mai tsawon jimillar tsayin, a yi mata alamar kowane tashi. Alamomin daga gindi ɗaya za a auna su duka: 175, 350, 525, 700, haka har sama. Idan ana ɗaga tef ana auna 175 daga alamar baya, kuskuren milimita ɗaya ko biyu zai yi ta taruwa har ya zama 20 a ƙarshe. Shimfiɗa ma haka: 280, 560, 840. A ja layukan kwance da ma'aunin lebur, na tsaye da igiya mai nauyi, inda suka haɗu su ne bakunan matakai. A ja igiya daga bakin farko zuwa na ƙarshe. Duk bakin da bai taɓa igiyar ba, akwai kuskure a wurin.

Daga nan a ja layin ƙasan gadon matakala, wato shimfiɗaɗɗen kankaren da ke kwance a gangare yana ɗauke da matakan. A gidan zama, inda tazarar da gadon zai tsallaka ba ta wuce mita 3 zuwa 3.5 ba, kaurin 150 aka saba, in ta fi haka a kai 175 ko 200 yadda injiniya ya lissafa. Kaurin ana auna shi daga lungun mataki, a miƙe da sikwaya a kan gangaren. Wanda ya auna 150 a tsaye daga lungu zuwa ƙasa, a gangaren digiri 32, gadonsa 127 kawai zai samu. Don a sami 150 na gaskiya, awon tsaye sai ya kai kusan 177.

Katako da rodi

A shimfiɗa katakon ƙasa a kan layin, a tokare shi da sanduna tazarar 600 zuwa 900, kowace sanda a kan faffaɗan katako ba a kan ƙasa mai laushi ba. A ɗaure sandunan da juna a gicciye, domin ɗanyen kankare a gangare ba ƙasa kaɗai yake dannawa ba, yana turawa gaba ma.

Girman rodi da tazararsa aikin injiniya ne, kuma zanensa ake bi. Abin da aka fi gani a matakalar gida shi ne rodi mai milimita 12 a tsawon gangaren, tazarar 150 zuwa 200, da mai milimita 10 a gicciye, tazarar 200 zuwa 250. Babban rodin a ƙasan gado yake zama, a ɗaga shi daga katako da biskit na siminti mai kaurin 20 zuwa 25, a waje ko wuri mai danshi a ƙara. Rodin da ya kwanta a kan katako zai yi tsatsa ya fasa kankaren daga ƙasa. A inda gado ya haɗu da dekin ko bim ana ƙara rodi a sama, saboda nan saman kankaren ne ke jan tsagewa. Rodin da zai kama matakala a bene tun lokacin zubin dekin ake barin sa a waje. Gindin hawan farko kuma ya zauna a kan harsashi nasa, ba a kan cikon ƙasa ba.

Akwai lungu ɗaya da ke bukatar kulawa ta musamman: saman hawa, inda gangare ya karye ya koma kwance ya shiga mahuta ko dekin. Idan aka lanƙwasa rodin ƙasa ya bi wannan kusurwa a jere, duk lokacin da nauyi ya ja shi zai nemi miƙewa, kuma miƙewarsa ƙasa take yi, sai ya ɓalle ɗan kankaren da ya rufe shi. Daidai shi ne a raba rodin biyu su gicciye juna. Na gangare ya wuce kusurwar ya shige saman mahuta, na mahuta ya wuce ya shige saman gangare, kowanne ya nutse aƙalla ninki 40 zuwa 50 na kaurinsa, wato 480 zuwa 600 ga rodi mai 12.

Bayan rodi sai allunan fuskar matakai. Kowanne a fere shi daidai tsayin tashinsa, domin samansa shi ne ma'aunin da za a share kankare a kai. A fere gindinsa a karkace don cokalin magini ya kai har lungu. Allo mai kaurin 25 zai kumbura a tsakiya in faɗin ya kai mita 1, saboda haka a ɗora katako mai ƙarfi a tsakiya daga sama har ƙasa, a kafe kowane allo a jikinsa. In ana son wurin yatsun ƙafa, a karkatar da gindin allon ciki da milimita 20 zuwa 25. Hakan ya fi leɓe mai fitowa waje, wanda ke kama takalmin mai hawa kuma yake saurin gutsurewa. Kafin zubi a sake bin kowane allo da sandar awo da ma'aunin lebur. Wannan ce dama ta ƙarshe.

Zubi

Ga matakalar misalinmu, gadon kowane hawa kusan mita 3 ne a gangare, faɗi mita 1, kauri 0.15, wato kubik mita 0.45. Matakan kansu za su ci kusan 0.22. Hawa biyu 1.34, mahuta 0.32, jimilla kusan 1.65, a ƙara kashi goma cikin ɗari na zubewa ya zama 1.8. A haɗin siminti 1, yashi 2, tsakuwa 4, kowace kubik mita tana cin buhu 6 da ɗan ɗori na kilo 50, saboda haka a tanadi buhu 12, yashi kusan kubik mita 0.8, tsakuwa mai milimita 20 kusan 1.6. Nauyin wannan kankaren ya kai tan 4, shi ya sa ba a wasa da tokara.

Kwaɓin ya yi kauri. Ruwa kada ya wuce lita 25 a buhu, in yashin jiƙaƙƙe ne a rage. Kwaɓi mai ruwa-ruwa yana gangarowa ya ɓulɓulo ta ƙarƙashin alluna ya cika matakan ƙasa, kuma ƙarfinsa ragagge ne. A fara daga matakin ƙasa a yi sama, ana soka injin girgiza kaɗan-kaɗan ko ana caccaka da guntun rodi, ana ƙwanƙwasa allunan da guduma don iska ta fita. Girgiza mai yawa a mataki na sama tana tura kankare ya kumbura a na ƙasa, don haka a riƙa komawa baya ana sharewa. A zuba hawa guda a zama ɗaya, kada a tsaya a tsakiyar gado. In za a sa tayil, a bar saman da ɗan kaushi.

A rufe da buhuna a riƙa jiƙawa aƙalla kwana 7. Allunan fuska ana iya cire su bayan kwana biyu a hankali, amma katakon ƙasa da tokara su zauna kwana 14 zuwa 21. Kankare sai ya kwana 28 yake kai ƙarfin da aka lissafa masa. A wannan tsakani a ɗora katako a bakunan matakai, domin lebura masu hawa da bulo su ke gutsure su.

Idan ta katako ce

Lissafin bai canza ba. Ana yanka matakan a jikin katako mai kaurin 50 da faɗin 300, a tabbata naman da ya rage a ƙarƙashin yankan bai gaza 125 ba, a jera irin waɗannan katakai tazarar 400 zuwa 450. Kuskuren da aka fi yi shi ne mantawa a rage gindin katakon da kaurin allon taku. In allon 40 ne ba a rage ba, matakin farko zai fi sauran da 40, na ƙarshe ya gaza da 40.

Relin, kwana da santsi

Abin dafawa ya zauna tsakanin 900 da 1,000 daga layin bakunan matakai. Dokar Amurka ta ce 864 zuwa 965. Ya zama wanda hannu zai iya zagayewa ya damƙe, kauri 32 zuwa 50, da ratar aƙalla 40 tsakaninsa da bango, ya kuma tafi a jere daga matakin farko har na ƙarshe. Faffaɗan bututu mai kusurwa huɗu ko saman guntun bango yana da kyan gani, amma wanda ya zame ba zai iya kama shi ba. Matakalar da ta wuce mita 1 a faɗi gara a sa mata gefe biyu.

Ratar da ke tsakanin sandunan relin kada ta bar ƙwallo mai faɗin milimita 100 ta wuce, saboda kan ƙaramin yaro. Haka ratar da ke tsakanin matakai in matakalar buɗaɗɗiya ce ba fuska. Sandunan su tsaya a tsaye. Na kwance yaro tsani yake mayar da su. Ƙafafun relin a kafa su a farantin ƙarfe da aka binne lokacin zubi ko da ƙusoshi masu kama kankare, nesa da gefe da aƙalla 60 zuwa 80, in ba haka ba gefen zai tsage.

Matakan kwana masu siffar yankan alwatika a guje su in da hali. In wuri ya tilasta, siririn gefen kada ya ƙare a tsini: Ingila ta ce aƙalla 50, Amurka ta ce inci 6, wato 152, sannan a layin da ƙafa ke bi shimfiɗar ta kai ta sauran matakan.

Wajen tayil, mai sheƙi ba na matakala ba ne. A sa mai kaushi, ko a tsaga layuka biyu ko uku kusa da baki, ko a manna abin hana santsi, bakin kuma ya bambanta da launi yadda ido zai raba mataki da mataki. Mai tayil ya yi aiki da sandar awon nan da aka yi tun farko, kada ya bi kankaren yadda ya same shi. Makunnin fitila ya kasance a sama da ƙasa, fitilar kuma kada ta jefa inuwar mai saukowa a kan matakin da zai taka. Matakalar waje a karkatar da kowace shimfiɗa gaba da milimita 3 zuwa 5 don ruwan sama ya zube, kada ya kwanta a lungu ya yi gansakuka.